Yadda 'Yata Ta Ci Sunan Saniya

Sunaye uku ne a duniyar nan bakina ba ya kamawa: na maigidana, da na mahaifiyarsa, da na 'yata ta fari. Haka na taso na ga uwata tana yi a Zariya, ita ma haka ta ga tata uwar. Mace ba ta kiran sunan miji, ba ta kiran na suruka, ɗan fari kuwa ko wasa ba ta cika yi da shi a gaban mutane ba, balle ta kama sunansa. Biyun farko ba su taɓa jawo mini magana ba. Na ukun ne ya kusa raba ni da tsohuwar da ta riƙe ni kamar ita ta haife ni.

Da muka zo Greensboro a Amurka, wata biyar muka yi a wani ɗaki kusa da Gate City Boulevard, inda in maƙwabcin sama ya yi tari sai ka ce masa sannu. Daga nan maigidan ya samo mana ɗan ƙaramin gida a Pleasant Garden, a bayan gidan wata tsohuwar Baturiya. Fili ne makeke, gidanta a gaba, namu a baya, tsakaninmu wata babbar bishiya da lambun tumatir da kuɓewa. Mijinta ya daɗe da rasuwa, ɗanta tilo yana wata jiha mai nisa. Tun ranar farko na ce mata Mama, ta kuwa amsa. Kuɓewa ce ta haɗa mu, kuma a kanta muka yi faɗanmu na farko, don baiwar Allahn nan soya ta take yi da garin masara har sai yauƙin ya mutu murus. Na ce mata wannan zalunci ne. Na tuƙa tuwo na kaɗa miya na kai mata. Ta ɗaga cokali ta ga miyar ta biyo shi har sama, ta ajiye a hankali ta ce ta ƙoshi.

Ranar da naƙuda ta kama ni da hantsi ne, maigidan yana wurin aiki can McLeansville, wayarsa a kulle a akwatin ma'aikata. Mama ce ta saka ni a tsohuwar motarta mai faɗin gado. Matar nan fa in tana tuƙi mai keke ma wuce ta yake yi. Ina baya ina salati ina zagin maigidan da duk wanda ya ba shi shawarar zuwa ƙasar nan, ita kuwa tana tsayawa a kowace mahaɗa ta duba hagu, ta duba dama, ta sake duba hagu, alhali ko kaza babu a hanya. Sai da na yi wata ƙara da ni kaina ban san ina da irinta ba, sannan ta taka mota ta tsallake jar danja. Shekara da shekaru tana ba mutane labarin danjar nan, wai ita ce ta farko da ta taɓa karyawa.

Na haifi mace. Washegari wata ma'aikaciya ta shigo da takarda tana tambayar sunan jaririya. Maigidan ya ce sai ranar bakwai. Ta yi murmushi ta fita, bayan awa biyu ta dawo. Ya ce mata har yanzu kwana ɗaya ne. Ta sake dawowa. A zuwanta na huɗu mutumin ya rikice. Ya waiga ya ga Mama zaune a kujera da jakarta a cinya, tun jiya ba ta je gida ba, sai ya ce, "Mama, wai mene ne sunanki na ainihi?" Shekara biyu muna bayan gidanta ba mu sani ba, don sunan mijinta ne a jikin akwatin wasiƙa.

Ta ce, "Me za ka yi da shi? Ba shi da daɗi."

Ya ce, "Faɗa mini dai."

Ta ce, "Ozella."

Rubutu ba kira ba ne, shi ya sa kuka gan shi a nan. Maigidan ya karɓi biro ya rubuta a takardar, ya ce mata mun yi mata takwara, ya bayyana mata cewa a wurinmu babu wata godiya da ta wuce wannan. Tsohuwar nan ta fashe da kuka har ma'aikaciyar ta tambaya ko a kawo mata gado ita ma. Da ta samu bakin magana ta ce rabonta da ta ji an sa wa jariri sunan nan tun tana budurwa. A shafin sanarwar mutuwa na jarida kaɗai take ganinsa, in ta gani sai ta yanke ta ajiye a gwangwanin biskit, yanzu ma a can ya daina fitowa. Jikokinta mata biyu ne, babu wadda aka sa wa, don matar ɗanta ta ce sunan ya yi kama da na maganin ciwon gwiwa.

Ni dai raina ya yi fari, amma na san akwai rigima a gaba. Malamin da zai raɗa suna, wani dattijo Bakatsine mai gyaran injin sanyaya ɗaki, ya saurari maigidan har ƙarshe, sannan ya ce suna daga kowane harshe ba laifi, muddin ma'anarsa mai kyau ce. "To, mene ne ma'anarsa?" Maigidan ya ce zai bincika.

Kwana uku bawan Allahn nan kansa na cikin waya. Wani shafi ya ce sunan yana nufin ƙarfi. Wani ya ce ba a san asalinsa ba. Wani kuma bai damu da asali ba, ya ce masu sunan suna son tafiye-tafiye kuma kalar sa'arsu ruwan ƙwai ce. Ya nuna mini wani zane na farin jinin sunan, layi ya ɗan ɗaga kai can zamanin kakanni, sannan ya kwanta ƙasa har yau bai motsa ba. Wai murna yake, yarinyarmu ba za ta yi rububin suna da kowa a aji ba. Na ce masa ya je ya karanta wa Malam kalar sa'a mu gani. Malam dai ya yanke magana, ya ce tunda mai sunan tana raye, a bar waya a tambaye ta.

Aka yi tawaga zuwa barandar Mama. Malam da babbar riga, maigidan riƙe da waya a buɗe don Hajiya surukata ta ji daga can ƙasarmu, ni kuma ina raɓe a bakin ƙofa da jaririya. Mama ta kawo musu shayi mai ƙanƙara, Malam ya kurɓa don kara ya ajiye. Aka yi tambaya.

Ta ce a gonar taba aka haife ta. Uwarta ta kwanta ciwo bayan haihuwa, nono ya ɗauke, jaririya ta kama hanyar mutuwa. Sai wani maƙwabci ya ara musu saniya, da madararta aka raya ta. Ubanta ya ce wadda ta ciyar da yarinya ita ta cancanci suna. Sunan saniyar ke nan.

Maigidan ya dubi ƙasa. Malam ya shafa gemu ya ce a tambaye ta, ita saniyar a ina ta samo sunan. Mama ta ce, "Ba ta taɓa gaya mini ba."

Na ce shi ke nan, magana ta mutu. Sai muryar Hajiya ta fito daga waya. Na manta ban gaya muku ba, surukata Bafulatana ce, a ruga ta girma. Ta ce, "Tambaye ta, ja ce ko fara?" Aka ce ja. "Tana harbi?" Aka ce ko kaɗan, yara ma suna kwanciya a jikinta. "Ƙwarya nawa ake tatsa?" Nan aka sha fama, don babu wanda ya san yadda za a mayar da bokitin Turawa ƙwarya, har Mama ta ɗauko wata tukunya ta nuna wa waya. Sannan Hajiya ta ce, "Saniyar da ta raya 'yar mutane ai ta fi mutane da yawa da na sani. A raɗa." Malam ya ce shi bai ga haramci ba, amma a sa suna na Musulunci a gaba. Ranar bakwai aka yanka rago aka raɗa biyun. Mama ta zo da ɗankwalin da na ɗaura mata, ya karkace gefe, tana gaishe da kowa da hannu biyu.

Daga ranar kuma babu wanda ya sake furta sunan a gidanmu. Yo ta yaya? Yarinya ta ci sunan matar da muke ce wa Mama, kuma ga ta 'yar fari. Maigidan da sauran mutane suka riƙa ce mata Ummi. Ni ko Ummin ban iya ba, "ke" nake cewa, in a bayan idonta ne in ce "yarinyar nan". A wurinmu wannan shi ne iyakar girmamawa, kuma wallahi ban taɓa tunanin yana buƙatar bayani ba.

Na sha wahala fa da sunan nan. Na rubuta shi a ɗan kwali na saka a jaka. In an tambaye ni a asibiti sai in miƙa kwali. In na je karɓar magani ta taga daga cikin mota sai in manna kwalin a gilashi. Wata ma'aikaciya ta ɗauka bebiya ce ni, ta kama yi mini magana da hannu, ni kuma na biye mata har muka gama. Akwai ranar da yarinyar, tana shekara uku, ta ɓace mini a kantin 'yan Afirka tsakanin buhunan shinkafa. Na riƙa ihu, "Ke! Ke!" Duk macen da ke jin Hausa a kantin ta waigo, wata Hajiya har ta ce, "Ke wa? Ni kike cewa ke?" Mai kantin ya ce in faɗi sunanta ya kira ta lasifika. Na miƙa masa kwali.

Mama kuwa ashe kunne take kasawa. Ta sayo bargo da aka saƙa sunan a jiki, ta sayo kofi, ta sayo 'yar kujera, kowanne da sunan ɓaro-ɓaro. Ita tana kiran yarinyar da shi, amma ta ce mutum ya kira sunan kansa ba daɗi, kamar ka gaishe da kanka a madubi. Daga baya ta fara ɗana mini tarko. Sai ta dafe goshi ta ce, "Kai, tsufa! Yaya ma sunan yarinyar nan?" In ce, "Naki ne ai, Mama." Ko ta ce ta manta tabarau, in karanta mata abin da ke jikin kofin. In ce, "Abin da ke jikin bargon ne." Ni a zatona wasa muke, har ina yaba wa kaina wayo.

Shekara ta huɗu sai tumatirin da take aiko mana ya daina zuwa. In na gaishe ta ta amsa a taƙaice ta shige. Ni kuwa ba a yi mini shan ƙamshi. Na cika na batse, na ce wa maigidan daman Bature Bature ne, in ta gaji da mu ta faɗa mu tattara. Sati uku muna haka, na kasa haƙuri. Na same ta a lambu tana cire ciyawa, na riƙe ƙugu na ce, "Mama, me na yi miki?"

Ba ta ɗago ba ta ce, "In sunan bai yi muku ba, ku je ku canza takardar. Ba zan ji haushi ba. Shekara tamanin na san ba shi da daɗi. Na san don na kai ki asibiti ne kuka sa, kuka rasa yadda za ku yi."

Innalillahi! Takaici ya ishe ni. Na ce mata mu da muka yanka rago, muka kawo Malam har barandarta, muka auna madarar saniya da tukunya? Na bayyana mata cewa girmanta ne ya hana mu kira, kuma uwa ba ta kiran ɗan fari. Ta ce su a nan sunan da ba a faɗa a gida shi ne na wanda aka ɗaure, ko wadda ta gudu da mijin wata. Na ce ai sunan mijina ma ban taɓa kira ba. Ta ajiye ciyawar ta dube ni ta ce ta lura, ta ɗauka ba ma shiri ne, har ta sa mu a addu'a a cocinsu.

Na so in yi dariya, amma fuskarta ta hana ni. Ta zauna a kan bokiti ta ce tun da mijinta ya mutu babu wanda ya kira ta da sunanta. A coci matar wane ce, a banki madam, ɗanta da ni Mama. Ta ce, "Ranar da mijinki ya rubuta shi, na yi zaton zan sake jin ana kwala shi a tsakar gida. A ce ki sauko daga nan, a ce ki zo ki ci abinci. Yadda uwata take yi. Abin da nake jira ke nan."

Tausayi ya kama ni sosai, na koma gida ina hawaye. Na ce wa maigidan shi ya kira, tunda shi ya rubuta. Ya ce shi ma ai 'yarsa ta fari ce, kuma namiji ba ya kwala kira a tsakar gida, sai ya tuna yana da aikin safe. Na buga wa yayata waya a Zariya neman shawara, ta ce, "Kin haukace ne, ko ruwan Amurka ne ya fara aiki?" Na koma gwaji a mota, in na ajiye yarinyar a makaranta sai in ɗaga gilasai in buɗe baki. Harafin farko ya fito, sauran ya maƙale a wuya, in ji kamar uwata na zaune a kujerar baya tana kallona. Wata rana wani mutum a motar gefe ya gan ni baki buɗe ido waje, ya ƙwanƙwasa gilashi yana tambaya ko abu ne ya shaƙe ni. Wata takwas ina wannan haukan. Tumatir ya dawo, Mama ba ta sake tayar da maganar ba, ni kuma ban kira ba.

Sai ta faɗi a banɗaki ta karye a ƙugu. Da aka sallamo ta ɗanta ya zo ya ce ba za ta sake zama ita kaɗai ba, zai tafi da ita can jiharsu. Na yi masa faɗa da duk Turancin da na mallaka, na ce mu mene ne amfaninmu, ya ce ya gode, amma an riga an samo mata ɗaki.

Ranar tafiyar da rana tsaka ne. An fito da ita baranda a keken guragu, jakarta a cinya, gwangwanin biskit ɗin nan a kan jakar. Ɗanta yana loda akwatuna. Ni ina tsaye a gefenta, sai gyara mata bargo nake yi wanda ba ya buƙatar gyara. Ina ɗaga kai sai na hango yarinyar nan can saman bishiya, da sabuwar rigar da na sa mata don sallama, tana lilo da ƙafa a reshen da na hana ta hawa ya fi sau ɗari.

"Ke" ta zo har bakina. Na dubi Mama. Ta ƙanƙance a kujerar, idonta a kan lambun da ciyawa ta cinye. Na sauka daga barandar, na tsaya tsakiyar fili, na riƙe ƙugu, na ce a raina uwata ta yafe mini. Na ja numfashi na kwala da duk ƙarfina.

"Ozella! Sauko daga nan kafin in zo in same ki! Don gidanku, rigar da na goge ce za ki yaga?"

Yarinyar ko gezau, don ba ta taɓa jin sunan a muryata ba, ba ta san da ita nake ba. A bayana ne na ji an amsa, da wata siririyar murya da ban san Mama da ita ba.

"Na'am, ina zuwa."

Na waigo. Ta dafa hannun kujerar tana ƙoƙarin miƙewa da karyayyen ƙugu, gwangwanin ya faɗi, yankakkun takardun sun watse a baranda. Ɗanta ya yar da akwati ya riƙe ta. Ta koma ta zauna tana dariya, hawaye na bin kumatunta, ta ce, "Ban ji abin da kika ce bayan sunan ba, amma haka uwata take yi, har da zagin. Ƙara."

Na ƙara. Ta ce in sake, na sake, har karen maƙwabta ya kama haushi. Yarinyar ta sauko a tsorace tana tambaya da Turanci laifin me ta yi da ake kiranta sau uku. Mama ta jawo ta ta ce babu komai, abinci ne aka gama. Ni na durƙusa ina tsince takardun, ta ce in bar su, iska ta kwashe, ba za ta tafi da su ba.